Inuwar Magini

"Ɗan wa kika ce?"

Auta ta sunkuyar da kai tana murza bakin mayafinta. Ta san Inna ta ji ta sarai, so kawai take ta maimaita.

"Inna, don Allah ki saurare ni..."

"Na ce ɗan wa kika ce yana son ki?"

"Ɗan... ɗan Magini."

Rigar da Inna ke matsewa ta suɓuce ta koma cikin bokiti, ruwan sabulu ya fallatsar musu a ƙafa. Inna ba ta kalli 'yarta ba. Juyawa ta yi a hankali, ta kalli kusurwar tsakar gida inda inuwar take.

Shekara bakwai ke nan tana wurin. Inuwar dogon mutum ce mai ɗan rankwafaffen baya, kai a sunkuye, hannuwa a sake, shimfiɗe a kan siminti daga gindin rusasshiyar katanga har kusa da famfo. Babu jiki a samanta. Rana ta fito ko ta karkata, ba ta motsi. Kaji ba sa taka ta, kuma ko a tsakiyar zafi, wanda ya wuce ta gefenta sai ya ji sanyi ya kama masa ƙafa.

A garin nan ba abin mamaki ba ne. Duk wanda ya mutu da haƙƙin wani a kansa, mai haƙƙin kuma ya ƙi yafewa, inuwarsa ba ta bin sa kabari. Takan koma inda aka yi laifin ta zauna. Yawanci wata biyu ko uku ne zuciya ta sauko, a kira Iya Mai-gishiri, tsohuwar da ta gaji aikin sallamar inuwa, ta sake ta. Ta gidan su Auta ce kaɗai ta daɗe haka.

Magini shi ya gina musu katangar. Ranar da ya gama ta faɗo a kan Yaya, ɗan farin Inna, yana da shekara goma sha tara. Magini bai taɓa buɗe baki ya kare kansa ba. Ya ajiye kayan aiki, ya kwanta ciwo, kafin shekara ta zagayo ya rasu. Washegari da safe Inna ta fito shara ta tarar da inuwarsa.

"Ka ji ko?" Inna ta ce wa inuwar, kamar yadda ta saba yi mata magana kullum. "Ka kashe min ɗa bai ishe ka ba, yanzu ka turo naka ya ɗauke min wadda ta rage!"

"Shi me ya yi, Inna? Yana yaro lokacin..."

"Jininsa ne!"

"To ki sake shi mana! Ki saki uban ya tafi, mu ma mu huta!"

"Ya tsaya nan. Ya tsaya ya ga abin da ya yi."

Inna ta sunkuya za ta ɗauki rigar. A nan idon Auta ya faɗa kan ƙasa. Inuwarta ita ga ta nan baƙa wuluk. Inuwar bokiti ma haka. Amma ta Inna ta koma fara-fara kamar hayaƙi, har ana ganin tsagar siminti ta cikinta.

Kowa ya san wannan ma. Mai riƙe da inuwar wani, da tasa yake ciyar da ita. Ranar da tasa ta ƙare, shi ma ya ƙare.

"Inna... inuwarki..."

"Ɗauko min igiyar shanya," in ji Inna.

Shagon ɗinkin Auta a jikin gidan yake, ƙofarsa na kallon titi, ƙaramar tagarsa ta baya na kallon tsakar gida. Ta wannan tagar komai ya fara.

Bara ne wani saurayi ya shigo da riga a hannu, wai a sa masa maɓalli. Ta duba, maɓallan nan cif suke. Ta ɗago za ta yi masa tsiya, sai ta ga ba ita yake kallo ba, tagar yake kallo, hawaye na bin fuskarsa. Nan take ta gane shi, don tsayin da rankwafawar duk iri ɗaya ne da na inuwar. Ta so ta kore shi. Sai ya ce, "Minti biyu kawai, ƙanwata. Ban taɓa ganinsa ba tun da ya dawo."

Ta ba shi minti biyun. Bayan mako guda ya dawo da wata rigar, wannan karon shi da kansa ya tsinke maɓallin, har ya yage wuyan. Ta yi dariyar da ta manta rabonta da ita. Ya gyara mata ƙafar teburin keke, ya kafa mata kanta, ya yi mata kujera mai jingina don bayanta. Ba ta san ranar da ya daina kallon taga ya koma kallonta ba.

Da yammacin ranar rigimar Auta ta sami saurayin, wanda kowa ke kira Kafinta, a wurin aikinsa, yana yanka katako, dusar itace duk ta cika masa gashi. Yana ganin fuskarta ya ajiye zarto.

"Kin faɗa mata."

"Na faɗa."

"Ta ce in zo da kaina ko in turo da makarata?"

"Ba wasa nake ba, Kafinta!" Muryarta ta karye. "Inna tafiya take. Inuwarta ta kusa ƙarewa... Na gani da idona."

Ya jawo mata benci, ya kakkaɓe shi da hularsa, ya durƙusa a gabanta.

"To a yi sallama. Ni zan ba shi murya."

"Ka san abin da kake faɗa kuwa?"

"Na sani, farin cikina. Ubana ne. Ba shi da wani ɗan sai ni."

"In ta ƙi fa?"

"Sai mu sake roƙo. Ni na iya roƙo, ai ke shaida ce, riguna shida na lalata."

Ta yi murmushi da hawaye a fuska. Washegari suka tafi wurin Iya Mai-gishiri tare.

Ɗakin Iya ƙarami ne, babu komai ciki sai tabarma, buhun gishiri da jerin kwanonin ƙasa a jikin bango. Ta saurare su ido a rufe, har Auta ta zaci barci take.

"Kun san yadda ake yi?" ta tambaya.

"Mun ji dai ana faɗa, Iya."

"Ji daban, sani daban. Da tsakar rana ake yi. Ɗan mamaci ya cire takalmi ya tsaya cikin inuwar. Mai haƙƙi ta zauna gabansa da kwanon ruwa. Duk abin da ta rasa ta faɗe shi da baki, kowane ɗaya ta zuba gishiri. Sannan mamaci ya yi magana da bakin ɗansa. In ta yafe, ta sha rabi, ɗan ya sha rabi. Shi ke nan."

"Shi ke nan?" in ji Kafinta. "Ai da sauƙi."

Iya ta buɗe ido ta ƙare masa kallo.

"In yafiyar baki ce ba ta zuci ba, inuwar za ta bar gidan dai, amma kai za ta bi. Ta liƙe a ƙafarka, ta riƙe muryarka. Ba za ka ƙara cewa uffan ba har ka mutu. Na ga mutum biyu da abin ya samu. Ɗaya yana nan bakin kasuwa yana gyaran takalmi, je ka gaishe shi ka gani."

Auta ta ji kamar an zuba mata ruwan sanyi a baya. Da suka iso kwanar gidansu ta juyo ta fuskanci Kafinta.

"Ba za ka yi ba."

"Zan yi."

"Na ce ba za ka yi ba! In rasa Inna, in rasa muryarka, da wanne zan ji?"

"In ba a yi ba, rasa Inna tabbas ne. In an yi, wataƙila ne." Ya sassauta murya. "Kuma ko ba don ke ba, shekara bakwai ubana na kwance a ƙasa ana shanya a kansa. Ni ma na gaji, Auta."

Bayan kwana huɗu Inna ta faɗi a bakin famfo da hantsi. Auta ta ji ƙarar bokiti daga shago, ta fito da gudu. Hannuwan Inna sun yi sanyi ƙalau kamar ƙarfe. Ta ja ta zuwa rumfa, ta ɗora kanta a cinyarta tana kuka.

"Inna, in kika tafi wa zan kira Inna? Baba ya tafi, Yaya ya tafi... ke ma? Saboda mutumin da ya riga ya mutu?"

Inna ta daɗe tana kallon rufin rumfar.

"Ɗan ne zai ba da murya?"

"Shi ne."

"Ya san abin da zai same shi in ban yafe ba?"

"Ya sani."

"To ku kira Iya Mai-gishiri," in ji Inna. "Amma uwarsa kada ta tako min gida."

Yadda ta faɗi maganar, ba fushi ba taushi, shi ya fi tsorata Auta. Da safiyar ranar sallamar tana ɗaura wa Inna ɗankwali, ta daure ta tambaya.

"Inna, da gaske kike? Ko so kike ki rama a kansa?"

Inna ta gyara zaman ɗankwalin da hannunta kawai.

Rana ta take tsaka. Iya ta shigo da kwano da ƙullin gishiri, Kafinta na biye da ita. Ya durƙusa ya gaida Inna, ta kawar da kai. Ya cire takalmansa ya jera su a gefe, ya kalli Auta, ya ɗan ɗaga mata gira kamar yadda yake yi in yana so ta yi dariya. Ba ta yi ba.

Ya taka cikin inuwar.

Nan take jikinsa ya ɗauki rawa. Kafaɗunsa suka zubo, kansa ya sunkuya, hannuwansa suka sake. Tsuntsayen da ke kan bishiyar maƙwabta suka yi tsit. Ga rana tana ƙuna, amma Auta na ganin numfashinsa yana fita kamar tururi.

Iya ta zaunar da Inna a gabansa, ta ajiye kwanon.

"Faɗi abin da kika rasa, 'yar nan. Kada ki rage."

Inna ta ɗebi gishiri. 

"Na rasa ɗana."

Gishirin ya zuba, ruwan ya yi duhu.

"Na rasa mai ɗauke min kaya daga kasuwa tun ban roƙa ba. Na rasa waƙar banzar da yake yi in yana wanka, wadda kullum nake ce masa ya rufa min baki." Ta sake ɗiba. "Na rasa matar da zai aura. Na rasa jikokin da zan goya. Na rasa barci. Na rasa ɗanɗanon abinci..." Ta ɗan tsaya. "Na rasa 'yata, tana gabana ban ga girmanta ba."

Auta ta toshe baki da mayafi.

"Saura?" in ji Iya.

"Babu."

Iya ta juya ga Kafinta. "To, bawan Allah. An ba ka baki. Yi magana."

Bakinsa ya buɗe. Muryar da ta fito ba tasa ba ce, ta dattijo ce, a dushe, a gajiye, kamar daga ƙasan rijiya.

"Uwar gida... sannu da haƙuri."

Inna ta zabura, ta dafe ƙasa.

"Laifina ne. Na ga hadari ya haɗo, na yi gaggawa. Na ɗora layi uku na bulo a kan ɗanyen gini. Ya kamata in tokare ta da katako kafin in tashi, katakon ma yana nan a jingine. Gajiya ta sa na ce gobe. Da na tokare, da yaron nan yana raye. Ki yafe min."



Inna ta zuba masa ido, ƙirjinta na hawa da sauka.

"Shi ke nan?"

"Shi ke nan."

"Ba za ka faɗi sauran ba?"

"Babu saura."

"Ƙarya kake!" Ihun Inna ya cika gidan. "Ƙarya kake, Magini! Da ranka ka yi shiru, ka mutu ma shirun za ka yi min? Faɗa musu! Faɗa wa 'yata!"

"Ba nawa ba ne da zan faɗa."

Auta ta matso. "Inna, me zai faɗa?"

Inna ta kalle ta. Tun rasuwar Yaya, Auta ba ta taɓa ganin tsoro a idon uwarta ba sai yau.

"Ya gaya min," Inna ta ce, da ƙyar ake jin ta. "A bakin ƙofar can. Sau biyu ya gaya min. Ya ce uwar gida, ginin nan ɗanye ne, kwana uku kada kowa ya zauna a gindinsa. Har ya fita ya leƙo ya maimaita."

"Inna..."

"Yayanki na fama da zazzaɓi. Ɗaki ya yi zafi, yana ta juyi. Na duba na ga gindin katangar da sanyi... na ga ta tsaya ƙyam, na ce wannan me zai kayar da ita? Ni na shimfiɗa masa tabarma. Da hannun nan. Na ce kwanta nan, ɗana, ka sha iska. Na shiga in dama masa abin sha..."

Kuka ya ƙwace mata, irin wanda ba ta yi ba ko a ranar mutuwar.

Auta ta ji ƙasa na juyawa da ita. Shekara takwas tana tsine wa mutumin nan a zuci. Ta tuna yadda yaran unguwa ke jifan ƙofar gidan Magini, yadda mata suka daina sayen kayan miya a wurin matarsa. Duk Inna na gani.

"Me ya sa ba ka faɗa ba?" Inna ta tambayi inuwar. "Ranar da mutane suka taru a kanka, me ya sa?"

"Kin rasa ɗa. Na ga in na faɗa, yarinyar nan ma za ta rasa uwa. Kuma nawa laifin yana nan, naki bai goge shi ba."

"Na tsane ka saboda shirun nan. Kullum in na fito na gan ka, sai in ce ga wanda ya yi. In ka tafi, wa zan kalla? Ni kaɗai zan rage da kaina!"

"Na sani. Shi ya sa ban yi gaggawa ba. Amma na gaji, uwar gida... kuma yaron nan sanyi yake ji."

Da gaske kuwa, leɓɓan Kafinta sun fara yin shuɗi.

"Rana za ta karkata," in ji Iya. "Ko ki sha, ko in fitar da shi. Amma kada ki sha da ƙarya."

Inna ta kai hannu kan kwanon. Ta ɗaga, ya ƙi ɗaguwa. Ta sa hannu biyu, hannuwan ba ƙarfi. Ta ɗago ta kalli Auta, fuska jiƙe da hawaye.

"Shi kam na yafe masa. Wallahi na yafe. Ke fa? Kin ji abin da uwarki ta yi..."

Auta ta tsaya ƙiƙam.  Ta so ta ce babu komai, amma a wurin nan ba a ƙarya.

"Ina jin haushinki, Inna. Wallahi ina ji. Ba don tabarmar ba, ko ni ce zan iya shimfiɗa ta. Don shekarun nan da kika bar mu a ciki." Ta durƙusa, ta sa hannuwanta a ƙarƙashin na uwarta. "Amma ke ce Innata. Ki sha."

Tare suka ɗaga. Inna ta kafa kai ta sha, tana ƙwarewa, ruwan na bin haɓarta. Iya ta karɓi kwanon ta kai bakin Kafinta, ya shanye sauran.

Da farko ba abin da ya faru.

Sai inuwar ta motsa. Kan da ya shekara bakwai a sunkuye ya ɗago a hankali. Ta fara tattarowa daga bakin famfo, tana janyewa, tana taruwa a ƙafafun Kafinta, ta naɗe masa idon sawu baƙi ƙirin.

"A'a!" Auta ta yi ƙara. "Iya, kama shi take! Iya!"

"Tsaya inda kike!"

Inuwar ta daɗe a naɗe da ƙafafunsa, kamar mai rungumar wanda zai rabu da shi. Sannan ta saki. Ta yi fari, ta yi fari, ta bushe kamar ruwan da aka zuba a kan siminti da rana. Zafi ya dawo tsakar gidan. Wani tsuntsu ya yi kuka.

Kafinta ya zube a gwiwa. Auta ta isa gare shi, ta manta da Inna, ta manta da kunya.

"Yi magana! Don Allah ka ce wani abu... masoyina, ka ce ko me!"

Ya buɗe baki, ba abin da ya fito. Ya sake buɗewa, ya yi tari mai tsawo, ya yamutsa fuska.

"In haka kike sa gishiri a girki," ya ce da muryarsa, a shaƙe, "gara in riƙa ci a waje."

Ta kai masa duka a kafaɗa tana kuka tana dariya. Shi ma kukan yake, yana shafa simintin da babu komai a kai.

Iya ta tattara kwanonta. Da za ta fita ta tsaya kan Inna.

"Inuwarki za ta dawo, sannu a hankali. Ki ci abinci. Amma aikina iyakarsa matattu, 'yar nan. Na masu rai ba ni da gishirinsa."

Inna ta gane. Kwana uku tana kwance, a na huɗu ta tashi ta yafa mayafi.

"Raka ni," ta ce wa Auta.

Gidan Magini a ƙarshen layi yake, ƙofarsa duk tabon jifa. Suka tarar da matarsa zaune a kan turmi tana tsinke ganye a faranti, siririyar mace mai furfura, da ta tsufa fiye da shekarunta. Ba ta tashi ba, ba ta kuma amsa sallama ba.

Inna ta durƙusa a ƙasa. Ta faɗi komai, tun daga gargaɗin har tabarmar, ba ta rage ba. Matar ba ta daina tsinke ganyenta ba.

"Ɗana ya gaya min," ta ce a ƙarshe. "Na so in ga ko za ki iya kawo bakinki."

"Ki yafe min, 'yar'uwa."

"Ban yafe ba."

Auta ta runtse ido.

"Shekara takwas ina matar mai kisa. Mijina ya mutu yana juya min baya don kada in ga fuskarsa. Sannan ranar da aka ba shi baki, sau ɗaya tak, kika ce kada in tako miki gida." Muryarta ta yi rawa. "Kowa ya ji shi ban da ni. Shi yaron ma bai san me ya fito daga bakinsa ba, sai da aka ba shi labari."

Inna ta kifa kai a ƙasa. 

Matar ta ajiye farantin, ta share ido da bayan hannu, ta dubi Auta.

"Ke ce mai ɗinkin? Matso in gan ki. Ke kika sa ya ƙarar min da maɓallan gida?" Ta riƙe haɓar Auta, ta juya fuskarta dama da hagu. "Ke ba ruwanki. In yana son ki, ni ba zan tsaya a hanya ba. An tsaya wa mutane a hanya ya isa haka."

Sai ta koma kan Inna.

"Ke kuma tashi, ƙasar nan da sanyi. Yau dai ban yafe ba. Ki dawo gobe."

Inna ta koma gobe. Ta koma jibi. Wata rana a bar ta tsaye a ƙofa, wata rana a miƙo mata kujera ba magana. Ta bi gida-gida a unguwar da ƙafarta ta faɗi gaskiya, wasu suka tausaya, wasu suka daina gaishe ta. Ba ta fasa ba.

Bayan damina aka ɗaura auren Auta da Kafinta, ba taro mai yawa. Ya rushe guntun katangar da hannunsa ya kafa shinge na katako, ya ce shi da bulo sai dai kallo.

Wata safiya Auta ta kai wa surukarta sabon zane da ta ɗinka. Tana shirin sallama ta ji murya daga ciki, ta tsaya a zaure.

Su biyu ne, Inna da matar Magini, zaune kan tabarma guda, faranti a tsakaninsu.

"Da ya fara magana," surukar ke tambaya, ba tare da ta ɗago ba, "me ya fara cewa?"

"Ya ce, uwar gida, sannu da haƙuri."

"Haka yake. Ko bashi... ko faɗa zai yi da mutum sai ya fara gaishe shi." Ta yi ɗan murmushi. "Muryar fa? Ta dushe?"

"Ta dushe. Kamar mai mura."

"Tun yana saurayi haka take." Yatsunta suka tsaya a kan ganyen. "Da ya ce yaron yana jin sanyi... yaya ya faɗe shi? Faɗa min daidai yadda ya faɗa."

Inna ta gyara murya, ta faɗa a hankali, kalma bayan kalma. Hawaye ya ɗigo a farantin, Auta ba ta san na wace ce ba.

"Sake faɗa min," in ji matar Magini.

Inna ta sake faɗa.